Katin gidan waya da tarihin garuruwanmu da ke kwance a adakoki

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in ja hankalin masu karatu zuwa ga wani abu da yawancin matasanmu ba su taɓa riƙewa a hannu ba, wato katin gidan waya, ɗan kwalin nan mai hoto a gefe ɗaya da wurin rubutu a ɗaya gefen, wanda ake manna wa kan sarki a jefa shi a akwatin gidan waya ba tare da ambulan ba. Ra'ayina shi ne, irin wannan kati yana daga cikin manyan shaidun yadda garuruwanmu suke a shekaru ɗari da suka wuce, kuma muna barin sa yana salwanta a hannunmu alhali wasu al'ummomi suna tattara nasu, har ma da namu, suna adanawa.

Asalin abin daga Turai ne, kuma talauci da gaggawa ne suka haife shi, ba ƙawa ba. A shekarar 1865 wani babban jami'in gidan waya a ƙasar Jamus mai suna Heinrich von Stephan ya kawo shawarar a samar da takarda buɗaɗɗiya da mutum zai rubuta gajeren saƙo a kanta ya aika, amma ba a karɓi shawarar ba a lokacin. Bayan shekara 4, wani malamin ilimin tattalin arziki a Ostiriya, Emanuel Herrmann, ya rubuta maƙala a jarida yana cewa yawancin abin da mutane ke rubuta wa juna bai kai ya ci takarda da ambulan da cikakken kuɗin wasiƙa ba, domin bai wuce sanar da isowa lafiya ko yin odar kaya ko taya murna ba. Hukumar gidan waya ta daular Ostiriya da Hangari ta amince da wannan hujja, ta fitar da katin farko a ranar 1 ga Oktoba, 1869. Ba shi da hoto ko kaɗan, an buga masa kan sarki tun daga maɗaba'a, kuma kuɗinsa bai kai rabin na wasiƙa ba. Cikin wata 3 aka sayar da kusan miliyan 3.

Daga nan sai sauran ƙasashe suka bi sahu. Sojojin Jamus sun yi amfani da shi sosai wajen aika saƙo gida a yaƙinsu da Faransa na 1870 zuwa 1871, Ingila kuma ta fitar da nata a 1870 a kan rabin kwabo, lokacin da wasiƙa take kwabo guda. Yarjejeniyar da ƙasashe 22 suka sa wa hannu a birnin Bern a 1874, wadda ta zama tushen ƙungiyar gidajen waya ta duniya, ita ce ta buɗe hanyar da kati zai tsallaka iyakoki bisa ƙa'ida ɗaya. Masu hannu da shuni na wancan zamani ba su yi maraba da shi ba, domin suna ganin rashin mutunci ne mutum ya aika maganarsa a fili ta yadda mai kai wasiƙa da barorin gida za su karanta kafin mai ita ya gani. Talakawa kuwa ba su damu da wannan ba, kuma su ne suka raya shi.

Hoto ya shigo a hankali. A baje kolin birnin Paris na 1889 an sayar wa maziyarta katuna masu zanen hasumiyar Eiffel, wadda aka gina domin wannan baje kolin, haka kuma aka yi a baje kolin Chicago na 1893. Sai dai a farko doka ta keɓe gefe ɗaya kacokan domin adireshi, saboda haka dole mai rubutu ya matsa kalmominsa a gefen hoton ko ya rubuta a kansa. A 1902 Ingila ta yarda a raba bayan katin biyu da layi, hagu na saƙo, dama na adireshi da kan sarki, Amurka ta bi a 1907. Wannan ɗan layi shi ne ya ba hoto damar mamaye fuskar katin gaba ɗaya, kuma shi ne siffar da muka gada. Daga wannan lokaci har zuwa ɓarkewar yaƙin duniya na farko a 1914 aka yi zamanin da katin ya fi tashe, inda ake aika biliyoyi a duniya, mafi yawan masu kyau daga maɗaba'un Jamus suke fitowa, kuma kusan kowane gida na masu ɗan hali yana da kundin da yake tara su. A lokacin, a manyan birane irin su Landan ana raba wasiƙu sau da dama a yini ɗaya, har mutum yana iya aika kati da safe ya sanar da ɗan uwansa cewa zai zo masa da maraice. Kamfanin Kodak ma ya fitar da kyamara a 1903 wadda hotonta ke fitowa daidai girman kati, ta yadda kowa zai iya mayar da hoton gidansa ko na iyalinsa katin aikawa.

Akwai wani nau'i da ya fito a lokacin yaƙin duniya na farko wanda duk lokacin da na tuna shi sai tausayi ya kama ni. Rundunar Ingila ta buga wa sojojinta kati mai ɗauke da jimloli da aka riga aka shirya, irin su cewa mutum yana lafiya, ko an kwantar da shi asibiti, ko ya samu wasiƙar gida, ko ya daɗe bai samu ba. Aikin soja shi ne ya soke waɗanda ba su shafe shi ba, ya sa hannu, ya rubuta kwanan wata, kuma an gargaɗe shi cewa idan ya ƙara kalma ɗaya za a lalata katin. Duk da wannan ƙuntatawa, uwar da ta ga sa hannun ɗanta ta samu abin da take nema, domin ta san yana raye a ranar da ya sa hannun.

Abin da ya sa wannan tarihi ya shafe mu kai tsaye shi ne dacewar lokaci. Shekarun da katin mai hoto ya yi tashe a Turai su ne ainihin shekarun da Turawa suka ci ƙasashenmu da yaƙi. Faransawa sun kama Damagaram a 1899, Ingilishi sun kama Kano da Sakkwato a 1903, jirgin ƙasa ya iso Kano wajen 1911. Sojoji da ma'aikatan mulki da 'yan mishan da ma'aikatan kamfanonin ciniki duk suna buƙatar abin da za su aika gida su nuna inda suke, saboda haka aka samu kasuwa, aka samu masu ɗaukar hoto da suka duƙufa a kanta. Sakamakon haka, da yawa daga cikin tsofaffin hotunan garuruwan Afirka ta Yamma ba a littattafai suka tsira ba, a kan katunan gidan waya suka tsira. Wani Bafaranshe mazaunin Dakar, Edmond Fortier, shi kaɗai ya buga fiye da 3,000 a farkon ƙarni na 20, kuma a tafiyar da ya yi zuwa Tumbuktu a 1905 da 1906 ya bi ta Jenne, a ƙasar Mali ta yau, ya ɗauki kangon tsohon masallacin garin dab da lokacin da aka sake gina shi a 1907. Duk wanda yake son ya ga yadda wurin yake kafin ginin da duniya ta sani a yau, katin Fortier yana cikin abubuwan da zai nema. Gani ya kori ji.

Ba na so a fahimce ni kamar ina wanke waɗannan katuna daga laifi, domin laifinsu a bayyane yake ga duk wanda ya duba su da idon basira. Mai ɗaukar hoton shi ke zaɓar abin da zai ɗauka, kuma abin da zai sayu a Turai yake zaɓa. An jera mutane masu mutunci a gaban kyamara, aka rubuta a ƙarƙashinsu sunan ƙabila kawai ko sunan sana'a, ba sunan mutum ba sunan mahaifinsa, tamkar ba su da gida ba su da asali. An ɗauki mata ba sutura a ƙirji an sayar da hotunansu da sunan ilimin al'adu, shi kansa Fortier ya yi haka da yawa, a Aljeriya kuma har ɗakunan ɗaukar hoto aka shirya inda ake sa mata kayan da ba su dace ba ana cewa haka matan Musulmi suke a cikin gidajensu. A Amurka abin ya kai ga ana buga katunan baƙaƙen fata da gungun mutane suka kashe suka rataye, ana aika wa dangi kamar abin tunawa. Wanda ya san wannan ba zai kalli tsohon kati ya ce ga gaskiya tsantsa ba. Amma ina ganin maganin wannan ba shi ne a juya wa katunan baya ba, sai dai a karanta su yadda malami ke karanta ruwayar da ya san mai ruwaitowa yana da son rai, ya ɗauki abin da ya tabbata, ya ajiye sharhin mai shi gefe.

Kuma ba Turawa kaɗai suka riƙe kyamarar ba, wannan wani ɓangare ne da ba a cika faɗa wa ɗalibanmu ba. Jonathan Adagogo Green, mutumin Bonny a yankin Neja Delta, shi ne ya ɗauki hoton Oba Ovonramwen, sarkin Binin, a 1897 lokacin da Ingilishi suka tuɓe shi suke kan hanyar kai shi gudun hijira, kuma hotunansa da dama sun fito a kan katuna. A Saliyo, Alphonso Lisk-Carew da ɗan uwansa sun buɗe shagon hoto a Freetown suna buga katunansu da sunansu. Idan mutum ya kwatanta aikin irin waɗannan da na baƙi, sau da yawa yakan ga bambanci a yadda wanda aka ɗauka ya tsaya da yadda ya dubi kyamarar, domin ya san wanda ke bayanta.

Babban amfanin katin a wurina yana cikin abubuwan da mai hoton bai yi niyyar ɗauka ba. Ya zo ne domin ya ɗauki ƙofar gari, amma kyamara ba ta san zaɓi ba, sai ta haɗa da jakunan da ke shigowa da itace, da irin naɗin rawanin mai wucewa, da tulun da yarinya ta ɗauko, da tsayin ganuwa da kaurinta a wannan shekara. A yau badalar Kano ta zube a wurare da yawa, an yi gini a kan wasu sassanta, an rushe wasu ƙofofi an sake gina su da siminti domin faɗaɗa titi. Karofin Ƙofar Mata yana nan, amma ramukan da ake aiki da su sun ragu ƙwarai. Zanen da magina ke yi a fuskar soraye a Zariya da Katsina da Damagaram yana ɓacewa tare da masu iya shi. Magini ko ɗalibin zanen gine-gine da yake son ya san yadda zankwaye suke tsayawa a kan soro, ko yadda rumfunan kasuwar Kurmi suke kafin kwano ya maye gurbin zana da azara, zai samu amsa a tsofaffin katuna fiye da yadda zai samu a rahoton kowane razdan, wato Baturen mulkin lardi.

Akwai kati ɗaya a adakar mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, wanda nake so in kwatanta wa masu karatu. Fuskarsa hoton dalar gyaɗa ne a Kano, mai launi, sararin samaniya ya yi shuɗi fiye da kima kamar yadda maɗaba'un wancan lokaci suke yi. Ana ganin 'yan dako sun yi layi a jikin dalar, kowanne da buhu a ka, suna hawa a kan buhunan da aka riga aka jera kamar matakala, a ƙasa kuma ga wani da littafi a hannu yana ƙirga. An ce dala ɗaya takan ɗauki buhu kusan 15,000, kuma duk sun ɓace bayan fari da cutar gyaɗa da zuwan kuɗin fetur a shekarun 1970. A bayan katin akwai kan sarki da hatimin gidan waya ya hau rabinsa, adireshin da boko aka rubuta shi da hannu mai tsabta, alamar marubucin wasiƙa na bakin gidan waya ne ya rubuta, saƙon kuwa da ajami ne, da hannun mai aikowa. Layi huɗu ne kawai: sallama, sanarwar cewa ya sauka lafiya, a gaida tsohuwa, a gaida yara. Gefunan katin sun yi laushi saboda yawan hannayen da suka juya shi. Fuskarsa tana ba da labarin arzikin ƙasa, bayansa kuma yana nuna yadda mutanenmu suke rubutu da yadda suke gaisawa a lokacin da boko da ajami suke tafiya tare a takarda ɗaya.

Wannan saƙo mai layi huɗu shi ne ya fahimtar da ni dalilin da ya sa katin bai zame wa Bahaushe baƙon abu ba. Tun kafin gidan waya muna da al'adar ba matafiyi sallahu, a ce idan ka isa ka gaida wane, ka ce masa muna lafiya. Irin wannan saƙo ba sirri ba ne, a gaban jama'a ake bayar da shi, a gaban jama'a ake isar da shi, kuma darajarsa ba ta cikin tsawonsa, tana cikin sanin cewa an tuna da kai. Abin da Turawan farko suka ɗauka aibi, wato kowa na iya karantawa, a wurinmu shi ne armashin abin, domin kati idan ya iso gida sai ya zagaya daga zaure zuwa cikin gida, a karanta wa wanda bai iya ba, daga ƙarshe a soke shi a jikin madubi ko a jingina shi a cikin kabad kusa da kwanukan jere. Haka alhazai suka riƙa kawowa ko aikowa da katuna masu hoton Ka'aba da masallacin Madina, haka ɗalibanmu da suka tafi karatu Alƙahira da Khartum da Landan suka riƙa yi. Ina ganin ko katin zaɓen gaisuwa da masu sauraro suka riƙa cikewa suna aikawa gidan rediyon Kaduna domin a karanta gaisuwarsu a shirin zaɓi sonka ɗan uwan wannan ne na jini, haka ma katin barka da sallah da samari da 'yan mata suka yi yayi.

Na san za a ce wayar hannu ta gama da wannan duka, kuma ba na musun cewa saƙon WhatsApp ya fi sauri ya fi araha. Amma hoton da ke cikin waya yana tafiya ne tare da wayar ranar da ta faɗa ruwa ko aka sace ta, kuma gaisuwar Juma'a da mutum ya tura wa mutum ɗari a lokaci guda ba ta da nauyin wadda aka zauna aka rubuta wa mutum ɗaya da hannu. Kati abu ne da ya yi tafiya da gaske, ya ratsa hannun ma'aikata, ya kwana a buhu, ya iso da hatimin gari da kwanan wata a jikinsa, kuma bayan shekara 60 ba ya buƙatar caji ko lambar sirri kafin jika ya karanta shi. Mutanen wasu ƙasashe sun gane haka. A 2005 wani matashi ɗan ƙasar Fotugal, Paulo Magalhães, ya kafa wani tsari a intanet mai suna Postcrossing, inda mutum ke aika kati ga wanda bai sani ba a wata ƙasa, shi ma wani ya aiko masa, kuma ta wannan hanya an aika fiye da miliyan 70. Yanzu har ana bikin ranar katin gidan waya ta duniya a 1 ga Oktoba, ranar da ta dace da ranar samun 'yancin Nijeriya.

Abin da ke damuna shi ne inda katunanmu suke. Waɗanda Turawa suka aika gida suna can a gidajen tarihi da jami'o'in Turai da Amurka, ko a hannun dillalai da ke gwanjonsu a intanet, inda katin Kano ko Zinder ko Agadas na farkon ƙarnin da ya wuce yake da farashinsa. Waɗanda suka rage a hannunmu kuwa gara da damina suna cin su, ko kuma idan dattijo ya rasu aka zo rabon gado a haɗa su da tarkacen takardu a ƙone, saboda babu wanda ya gaya wa magada cewa suna da wani amfani. Muna da wuraren da wannan aiki ya dace da su, irin su Arewa House da ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa a Kaduna, da Gidan Makama da Gidan Ɗan Hausa a Kano, da cibiyar tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato, da gidan tarihi na Boubou Hama a Yamai. Ina roƙonsu su yi shela ga jama'a cewa duk mai tsohon kati ya kawo a ɗauki hotonsa gaba da baya a mayar masa da abinsa, a rubuta sunan wurin da ke jiki da abin da iyalin suka sani game da shi. Dole a haɗa da bayan katin, domin sau da yawa masu adanawa sukan ɗauki hoton kawai su manta da rubutun, alhali a nan muryar mutanenmu take. Kuma a gaggauta, tun dattawan da za su iya duban hoto su ce wannan ƙofar kaza ce, wancan gidan wane ne, suna raye.

Bayan haka, babu abin da ya hana mu buga namu sababbi. Muna da matasa masu ɗaukar hoto da gwanintarsu ta kai ko'ina, kuma duk shekara suna cika intanet da hotunan hawan daushe da hawan Nassarawa da kamun kifin Argungu da hasumiyar Gobarau da dutsen Kwatarkwashi. Baƙon da ya zo kallon hawan sallah a yau zai sha wahala kafin ya samu kati ɗaya da zai saya ya aika gida. Idan waɗannan matasa suka buga aikinsu a kan kati, da bayani a Hausa ta boko da ajami, da sunan wanda aka ɗauka idan ya yarda, to a karon farko mu ne za mu zaɓi abin da za a gani, mu ne kuma za mu rubuta abin da ke ƙarƙashin hoton. Hukumomin gidan waya na Nijeriya da Nijar su ma suna da rawar takawa, domin kati ba ya tafiya sai da kan sarki da ma'aikacin da zai kai shi, kuma makarantun firamare za su iya koya wa yara rubuta gajeren saƙo ta hanyar musayar katuna tsakanin ɗaliban Katsina da na Maraɗi, ko na Kano da na zangon Kumasi.

Daga ƙarshe, Malam Edita, ina da roƙo gare ka kai tsaye. Ka ware ɗan gurbi a jaridar nan, ko da sau ɗaya ne a wata, inda za a riƙa buga tsohon kati ɗaya da wani mai karatu ya aiko, fuskarsa da bayansa, a nemi waɗanda suka san wurin ko zamanin su rubuto da ƙarin bayani. Idan ka amince, ni zan fara aiko da hoton na dalar gyaɗa, bayan na nemi izinin 'yan uwana.

Wassalam.

Naka,
Mai karanta jaridarku a kullum, daga Zariya.